Na Yi Shekara Biyar Ina Sabiyanci, Yanzu An Ce a Kuroshiya Ba Shi da Amfani

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Na yi shekara biyar a Belgrade, babban birnin Sabiya, shekarar farko a ajin koyon harshe, sauran a karatun injiniyan gine-gine. Yanzu na sami tayin aiki a Osijek da ke Kuroshiya. Dillalin da ya haɗa ni da kamfanin ya ce Sabiyancina ba zai yi mini komai a can ba, harshensu daban ne, har ma in aka ji ina yin sa za a iya dukana, don haka sai na biya shi kuɗin kwas na wata shida. Wani abokina kuma ya ce ƙarya ne, duk Sabiyanci ne suka sauya wa suna, in na je in gaya musu haka kai tsaye. Kwana uku ke nan barci ya ƙaurace mini. Wahalar da na sha ta tafi a banza ke nan?

AMSA: Wa'alaikumus salam ƙanena. Ka kwantar da hankalinka, wahalarka ba ta tafi a banza ba, kuma kada ka ba dillalin nan ko sisi. Amma maganar abokinka ta fi ba ni tsoro a kan ta dillalin, zan zo kanta.

Ranar da ka sauka Osijek za ka ji abin da direban bas yake faɗa, ka karanta jarida, ka yi ciniki a kasuwa. Padeži bakwai ɗin nan, wato sauye-sauyen ƙarshen suna gwargwadon aikinsa a jimla, da suka hana ka sakat a shekararka ta farko su ne dai a can, ba ƙari ba ragi. Dalili kuwa shi ne daidaitaccen Sabiyanci da daidaitaccen Kuroshiyanci a kan karin harshe guda aka gina su, wato Shtokabiyanci, na masu cewa što ko šta in suna nufin "me". A 1850 aka zauna a Vienna, Vuk Karadžić da Đuro Daničić daga ɓangaren Sabiyawa, Ivan Mažuranić da Ivan Kukuljević da wasu daga ɓangaren Kuroshiyawa, suka amince a ɗauki karin kudu a matsayin harshen rubutu. Abin da zai ba ka mamaki shi ne, ɗan Belgrade ya fi fahimtar mai karanta labarai a talabijin ɗin Zagreb, babban birnin Kuroshiya, fiye da yadda mai karanta labaran zai fahimci wata tsohuwa a tsibiran tekun Adriatik mai cewa ča a maimakon što, ko manomin yankin Zagorje mai cewa kaj, alhali duk Kuroshiyawa ne.

Bambancin da za ka ci karo da shi tun ranar farko shi ne na wasali. Inda ka saba cewa mleko, dete, vreme, reka (madara, yaro, lokaci, kogi), su za su ce mlijeko, dijete, vrijeme, rijeka. Inda kake cewa moram da radim (dole in yi aiki), sun fi son moram raditi. Kalmar ko, wato "wa", za ta koma tko. Sai kalmomi: hleb ya zama kruh, voz ya zama vlak, hiljada ta zama tisuća, pasoš ya zama putovnica, fudbal ya zama nogomet. Masanan Zagreb tun ƙarni na 19 suna da son ƙera kalma daga tushen harshensu, su kuwa na Belgrade ba sa jin komai in sun ara daga Turawan yamma ko Turkawa. Shi ya sa univerzitet ɗin da ka gama a can sveučilište ne. Rubutu kuma ba matsalarka ba ce, tunda a Belgrade ka saba da duka biyun, kuma haruffan Latin na Ljudevit Gaj guda 30 da Kuroshiyawa ke amfani da su da haruffan Sirilik na Sabiyawa na Vuk guda 30 kowane yana da takwaransa. Mu da muka taso da boko da ajami ba sai an yi mana dogon bayani ba cewa rubutu biyu ba ya mayar da harshe ɗaya ya zama biyu. Musulmin Bosniya ma sun daɗe suna rubuta wannan harshe da haruffan Larabci, nasu ajamin da suke kira arebica.

Wannan shi ne abin da dillalinka yake son ya sayar maka da shi a wata shida. Irin waɗannan mutane suna ƙona mini rai matuƙa. Sun gano cewa baƙo yana cikin fargaba, ga takardar izinin zama da aiki da yake jira, sai su ƙara masa wata fargabar su tatse shi. Ka tambaye shi ya kawo maka jimla ɗaya tak ta Kuroshiyanci da ɗan Belgrade ba zai gane ba. Kotun duniya da aka kafa a Hague a 1993 don shari'ar laifukan yaƙin tsohuwar Yugoslabiya, inda kuskuren kalma ɗaya zai iya shafar hukuncin mutum, ta haɗa harsunan wuri guda ta kira su BCS, wato Bosniyanci, Kuroshiyanci da Sabiyanci, tafinta ɗaya yana yi wa Basabiye da Bakuroshiye da ɗan Bosniya aiki. A 1999 da aka nuna wani fim na Sabiya a gidajen sinima na Kuroshiya da fassara a ƙasan allo, 'yan kallo dariya suka riƙa yi, don suna jin magana da kunnensu suna kuma ganin kusan ita ɗin a rubuce.

To yanzu bari mu zo kan abokinka, domin wannan kuskuren nake gani kullum a bakin ɗalibanmu da suka zauna a Belgrade ko Novi Sad, kuma shi ne zai iya jawo maka abin da kake tsoro. Tunaninsu shi ne: tunda masana sun ce harshe ɗaya ne, to sunan ba komai ba ne, kuma wanda ya ce yana Kuroshiyanci yaudarar kansa yake yi, a gyara masa. Wallahi ƙanena kada ka kuskura. Abin da abokinka ya ɗauka ilimin harshe ne, a kunnen mutumin Osijek da'awar siyasa ce wadda ya san ta tun kafin a haife ka. Shi Vuk ɗin nan da ake girmamawa, a 1849 ya buga wata maƙala mai suna "Srbi svi i svuda", wato "Sabiyawa duka kuma a ko'ina", inda ya ce duk mai magana da karin što Basabiye ne, ko Katolika ne ko Musulmi. Ka duba abin da ke bin bayan wannan magana: in harshenka Sabiyanci ne, kai Basabiye ne, in kai Basabiye ne, ƙasar da kake zaune ta Sabiya ce. Masu kishin ƙasa sun yi amfani da wannan lissafi, kuma an zubar da jini a kansa. Don haka idan ka ce wa abokin aikinka "ai Sabiyanci kake yi", abin da zai ji shi ne "al'ummarka ba ta wanzu".

Kuma ka san inda za ka. Osijek ta sha ruwan bama-bamai a 1991 daga sojojin Yugoslabiya da mayaƙan Sabiyawa. Vukovar tana nan kusa, tafiyar da ba ta kai awa ɗaya ba a mota, garin da aka yi wa ƙawanya kwana 87 har ya faɗi ranar 18 ga Nuwamba 1991, aka kwashi mutane daga asibiti aka kashe su a Ovčara. Birkilan da za ka yi aiki da su, wani ubansa ne ya mutu a can, wani shi da kansa ya yi gudun hijira yana yaro. A 2013, shekarar da Kuroshiya ta shiga Tarayyar Turai, da gwamnati ta kafa alluna masu rubutun Latin da Sirilik a ofisoshin Vukovar saboda doka ta ba tsiraru wannan haƙƙi inda suka kai kashi ɗaya cikin uku, mutane sun fito da guduma sun farfasa su. Haruffa ne kawai a kan allo, amma ga su fami ne. Kada kuma ka ɗauka ciwon na ɓangare guda ne. Gwamnatin Ustaše, ta masu tsattsauran kishin Kuroshiya a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, ta haramta Sirilik a 1941, ta kashe Sabiyawa masu ɗimbin yawa a sansanin Jasenovac, kuma a Agustan 1995 Sabiyawan Kuroshiya sama da dubu ɗari suka bar gidajensu cikin 'yan kwanaki. Har yau akwai Sabiyawa a yankin da za ka, 'yan ƙasa ne, kuma su ma ba za su ji daɗi ba in ka ce musu Kuroshiyanci suke yi.

Rigimar sunan ba da yaƙin ta fara ba. A 1954 an yi yarjejeniyar Novi Sad cewa harshe ɗaya ne mai suna biyu a haɗe, da lafazi biyu da rubutu biyu, duk daidai suke. A aikace kuwa, a soja da ofisoshin tarayya salon Belgrade ne ya yi rinjaye. A Maris 1967 manyan cibiyoyin ilimi da marubutan Kuroshiya, har da Miroslav Krleža, suka fitar da sanarwa suna neman a kira harshensu da sunansa, gwamnatin Tito, shugaban Yugoslabiya na lokacin, ta yi tir da su. Mutanen da suka yi shekaru suna wannan fafutuka, har harshensu ya zama na 24 a harsunan hukuma na Tarayyar Turai, kai baƙo da ka zo neman abinci ba kai ne za ka warware musu ita a wurin shan kofi ba. Baki shi ke yanka wuya.

In ka tambaye ni a aji, a matsayina na mai nazarin harshe, zan ce maka harshe ɗaya ne mai cibiyoyi huɗu: Belgrade, Zagreb, Sarajevo da Podgorica, kowace da nata daidaitaccen salo. Haka masaniya Snježana Kordić, ita kanta 'yar Osijek, ta kafa hujja a littafinta na 2010, ta kuma sha suka a gida a kan haka. Haka sanarwar da marubuta da masana daga ƙasashen huɗu, Sabiya da Kuroshiya da Bosniya da Montenegro, suka fitar a Sarajevo a 2017 ta ce. Amma ko su ba su ce harshen Sabiyanci ne ba, sun bar wa kowace al'umma haƙƙin kiran nata salon da sunan da ta ga dama. Nan ne abokinka ya ɓata. Ya ɗauki rabin maganar masana ya haɗa da rabin maganar 'yan siyasa. Wasu kan kwatanta abin da Hausar Kano da ta Maraɗi, wannan ya ari kalmomin Ingilishi wancan na Faransanci. Ta fuskar fahimtar juna kwatancen ya yi, sai dai Bakano da Bamaraɗe duk Hausawa suke kiran kansu, kuma ba kabari tsakaninsu.

Wani reshe na wannan kuskure shi ne masu cewa daga lafazi ake gane ƙabila, wai mai cewa mlijeko Bakuroshiye ne, mai cewa mleko Basabiye. Ba haka ba ne. Sabiyawan Bosniya da na Montenegro mlijeko suke cewa, shi kansa Vuk haka ya rubuta, kuma masu karin kaj a arewacin Zagreb mleko suke cewa. Abin da ya raba al'ummomin nan tarihi ne da coci da masallaci: Otodoks, Katolika, Musulmi. Kada ka zauna kana yi wa mutane hasashen asali daga bakinsu, ba sa so. Su da kansu in suka haɗu a ƙasar waje suna son kauce wa rigima, naš jezik suke cewa, wato "harshenmu", ko naški.

Batun duka kuwa, ba zan ce maka babu marasa kunya a ko'ina ba, amma baƙon Afirka da ya buɗe baki ya yi magana da harshensu, ko da lafazin Belgrade ne, abin da ya fi samu shi ne mamaki da murna. Kowa ya san ba kai ka yi yaƙin ba. In an tambaye ka, ka faɗi gaskiya: "Studirao sam u Beogradu, sad učim hrvatski." Na yi karatu a Belgrade, yanzu ina koyon Kuroshiyanci. Wannan jimla kaɗai za ta buɗe maka ƙofofi. Ka bar kalmar bre ta Sabiyawa da ka saba jefawa a magana, ka koyi gaisuwar bok, kuma ɗaga yatsu uku, alamar kishin Sabiya da wataƙila ka koya a filin ƙwallo, kada ka yi shi ko da wasa, ko a hoto a Facebook.

Inda nake so ka sa ƙarfinka shi ne kalmomin sana'arka da na takarda, domin a nan bambancin ya fi yawa, kuma a nan kuskure yake da tsada. Sprat a can kat ne, gvožđe željezo ne, ugao kut ne, prečnik promjer ne, tačka točka ce, jednačina jednadžba ce, gas plin ne. Plata ɗinka plaća ce, uslovi kuma uvjeti. Ka sami littafin koyarwa na fanninka da aka buga a Zagreb ka riƙa karanta shi kullum da yamma, kana sauraron labaran HRT, gidan rediyo da talabijin na ƙasar, cikin 'yan makonni kunnenka zai faɗa. Rahoton aiki kuwa ka rubuta shi da salonsu tun daga farko, domin tsarin mulkin ƙasar Kuroshiyanci da rubutun Latin ya ayyana a matsayin na hukuma. Game da takardar shaidar digirinka, ka tambayi ofishin da zai karɓe ta a rubuce ko suna buƙatar sudski tumač, wato tafintan da kotu ta amince da shi, ya sa mata hatimi, kada ka bi ta bakin dillali.

Sai watanni, waɗanda ba su yi kama da januar da februar da ka sani ba ko kaɗan: siječanj, veljača, ožujak, travanj, svibanj, lipanj, srpanj, kolovoz, rujan, listopad, studeni, prosinac. Ka haddace su kafin ka sa hannu a kwantiragi. Na taɓa ganin yaron da ya yi zama a Poland, ya ga listopad a takardarsa ya ɗauka Nuwamba ce kamar yadda take a can, alhali a Kuroshiya Oktoba ce, ya makara da wata guda cur. In ka rikice a baki, ka ce deseti mjesec, wata na goma, su ma haka suke yawan faɗa.