In tura mata saƙon da aka zage ta a ciki?

'Yar'uwa, kin ce ƙawarki ta turo miki saƙon murya a WhatsApp tana aibata maƙwabciyarku, kina tunanin tura mata.

Kada ki tura. Ita giba ta yi, wadda Suratul Hujurat aya ta 12 ta kamanta da cin naman ɗan'uwa matacce. Ke kuwa in kin kai, annamimanci ne. Na taɓa yi, wai ni mai gaskiya; har yau matan nan ko a gidan suna ba sa gaisawa.

Kira ƙawar taki, ki ce ba kya son irin wannan, ki goge. Kar ki nuna wa kowa wai neman shawara, nan magana ke fita. Amma in akwai barazanar cutarwa, ajiye saƙon, ki sami babba a gida ko malami.