Me ya sa "click" ba ya jin dannan dama a kan mahaɗi?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina koyon JavaScript, na gina wa yayata shafin sayar da atamfa da leshi, shagonta yana kasuwar Terminus. Ina so in gane duk sanda wani ya danna maɓallin dama na linzami a kan mahaɗin (link ɗin) kaya, amma "click" ɗin da na sa ko motsi ba ya yi. Daga wani mai karatu a Unguwar Rogo, Jos.

Amsa: Wa'alaikumus salam, ƙanena. Lambarka (code ɗinka) lafiya lau take, ƙofar da ka tsare ce ba ta nan ake shigowa ba. A burauzocin yanzu "click" na maɓallin hagu ne kaɗai. Na dama "contextmenu" yake tayarwa, wato alamar buɗe jerin zaɓi:

document.addEventListener("contextmenu", e => {
  const a = e.target.closest("a");
  if (a) console.log(a.href);
});

Amfanin closest shi ne, ko hoton atamfar da ke cikin mahaɗin aka danna, zai hau sama ya nemo mahaɗin.

Wasu kan bi ta "mousedown" su duba e.button: 0 hagu, 1 tsakiya, 2 dama. Yana aiki, amma ni ban fifita shi ba, don ba kowa ke da linzami ba. Mai Windows na iya danna Shift da F10 jerin zaɓi ya fito. Kwastomomin yayarka kuwa, ai yawancinsu da waya suke shigowa. A Chrome na Android, ɗora yatsa a riƙe yana tayar da "contextmenu", amma Safari na iPhone ba ya tayar da shi, saboda haka masu iPhone ba za su shiga lissafinka ba.

Ka kuma sani burauza ba za ta faɗa maka abin da mutum ya zaɓa ba, ko sabon shafi ya buɗe, ko kwafar mahaɗin ya yi ya tura WhatsApp.

In kuwa nufinka ka sa e.preventDefault(), mai hana jerin zaɓin fitowa, don hana satar hotuna, gaskiya kada ka ɓata lokacinka. A Firefox, riƙe Shift a danna dama ya wadatar jerin ya fito, ga kuma ɗaukar hoton allo. Mai son buɗe leshi uku ta kwatanta kawai za ka takura. Ka buga sunan shagon a jikin hotunan.