Shin har yanzu Amurka na raba gonaki kyauta?

Tambaya: Malam, barka da aiki. Yayana na shirin sayar da gonar da muka gada don ya biya wani dillali. Dillalin ya ce akwai dokar Amurka da ke ba kowa eka 160 kyauta a yammacin ƙasar, har da takardar zama. Ya nuna masa hotunan manoma tsaye a ƙofar gidajensu. Hankalina ya ƙi kwanciya. Da gaske akwai wannan doka?

Amsa: Ɗan'uwa, maza ka tare yayanka kafin a sallama gonar nan. An taɓa yin dokar, amma ta daɗe a kabari. Sunanta Homestead Act, shugaban Amurka na lokacin, Abraham Lincoln, ya sa mata hannu ranar 20 ga Mayu, 1862. Majalisar Amurka ta soke ta a 1976, aka ɗaga wa jihar Alaska ƙafa zuwa 1986, kuma a 1988 aka miƙa takardar mallaka ta ƙarshe. Yau babu fom, babu ofishi, babu wakili. Ko da mutum ya sayi gona a Amurka da kuɗinsa, gonar ba ta ba shi biza, balle takardar zama.

Kalmar "kyauta" ɗin nan ita ce ƙugiyar 'yan damfara, kuma abin takaici kullum sai ta kama wani. Ko a lokacin da dokar ke da rai, wa aka ba kyauta? Sai ɗan ƙasa, ko wanda ya bayyana a hukumance cewa zai zama ɗan ƙasa, mai shekara 21 ko mai riƙe da gida. Zai biya dala 18 kuɗin rajista, ya gina ɗaki, ya noma, ya zauna shekara biyar cur, sannan ya kawo shaidu biyu su rantse. Mai gaggawa kuwa, bayan wata shida ya biya dala ɗaya da kwata kan kowace eka, ya karɓi takardar mallaka. Shanun huɗa, garma, iri, rijiya da abincin da za a ci kafin kakar farko, duk daga aljihunsa.

Ka sake duba hotunan da kyau. Idan na jihar Nebraska ne ko Kansas, da yawan gidajen ba na katako ba ne, don itace ya yi ƙaranci a filayen. Fatar ƙasa suke yankowa da saiwar ciyawarta, su jera kamar tubali, ciyawar na kallon ƙasa. In ruwa ya yi yawa rufi ya yi ta ɗiga kwana da kwanaki, ɓeraye da macizai na faɗowa daga sama. Busasshen kashin shanu da na ɓauna ne makamashin girki. A 1874 fara ta sauka ta cinye gonaki ƙarƙaf. Masu tallar filaye kuma suna ta yaɗa cewa wai ruwan sama na bin garma, da an fara noma damina za ta gyaru. Alhali tun 1878 wani masanin ƙasa, John Wesley Powell, ya gargaɗi gwamnati cewa a yankin da ke da ƙarancin ruwa, makiyayi na buƙatar eka 2,560. Sai a 1909 aka ninka rabon ya koma eka 320 a busassun wurare. Fiye da rabin waɗanda suka yi rajista ba su kai ga takardar mallaka ba.

Sannan ƙasar tana da masu ita. Daga hannun mutanen asali irin su Lakota da Cheyenne aka ƙwace ta, da yaƙi da saɓa alkawari.

Idan dillalin ya kawo zancen ƙananan garuruwan Kansas da ke ba da fili, gaskiya ne akwai su, amma filin gida ne, da sharaɗin ka gina da kuɗinka cikin wa'adi, kuma babu biza a ciki. Ku tambaye shi sunan dokar da shekarar da aka yi ta a gaban dattawan gida. In ya riga ya karɓi wani abu, ku adana rasit da saƙonnin waya, ku kai wa 'yan sanda.