Wai Faransa ce ta turo mana Lakurawa?

Tambaya: Salamu alaikum Malam. Ni ɗan kasuwa ne a Kamba, ina shiga Gaya ta Nijar sayen kaya, kuma tun harin da 'yan bindigar Lakurawa suka kai garin Mera na Augie hankalina bai kwanta ba. Kullum a WhatsApp ana cewa Faransa ce ta turo Lakurawa don ta huce haushin korar da Nijar ta yi mata. Gaskiya ne?

Amsa: Wa alaikumus salam Alhaji. Wallahi maganar nan ta ishe ni, ko'ina na zauna sai an jefo ta. Sojojin Faransa sun gama fita Nijar a Disambar 2023, su kuwa Lakurawan tun wajen 2018 ake ganinsu a Tangaza da Gudu can Sakkwato, lokacin ko juyin mulkin da Janar Tiani ya yi a Nijar ba a yi ba. Kuma da farko wasu al'ummomi ne da kansu suka karɓe su don su kore musu ɓarayin shanu, daga baya suka koma karɓar zakkar dole, suna dukan matasa a kan jin kiɗa. Masu odiyon WhatsApp ɗin nan ba sa faɗin wannan, sai dai "wani babban soja ya gaya min", a tura gurup goma kafin la'asar.

Ba wanke Faransa nake ba, ta yi ɓarnarta a Sahel. Shi Tiani ya yi wannan zargi a Disambar 2024 har ya sa Najeriya ciki, Abuja ta musanta. Zargi ne na gwamnatocin da ke faɗa da juna, kowa na neman magoya baya a gida. Haɗarinsa shi ne mutumin ƙauye sai ya ɗauka abin na manyan ƙasashe ne, babu ruwansa, gobe ya sayar wa baƙin fuska fetur da buhun gero bai tambayi daga ina suke ba.

Inda siyasar waje ta cuce mu da gaske bayan juyin mulkin Nijar na 26 ga Yulin 2023 ne. ECOWAS ta yi barazanar yaƙi, aka rufe boda, aka yanke wa Nijar wuta, Nijar da Mali da Burkina suka kafa nasu ƙawancen mai suna AES suka fice daga ECOWAS. Haɗin kan sojojin Najeriya da Nijar ya yi sanyi, dajin boda ya zama na mai babur da bindiga, ya yi ta'asa a Augie ya tsallake.

Kai dai Alhaji daina tafiyar dare, kuma duk baƙon da ba ka yarda da shi ba, sanar da hakimi ko jami'an tsaro.