Kafin Ka Ɗora Zaren Mutum a Kan Masaƙa

Ka ce ta yaya ake gane zaren kwanakin da mutum ya kawo nasa ne ko na wani? Ajiye ƙoshiyar nan ka zauna, yaro. Tun zuwanka gidan nan sai yau ka yi tambayar da ta isa a amsa.

Wadari da ɗaurin allera ba zan ɓata bakina a kansu ba. Wanda ya daɗe yana share ƙarƙashin masaƙa bai iya su ba, ya koma gidan ubansa. Abin da za ka sani shi ne masaƙar lokaci ba ta yafe bashi. Duk kwanan da ka ƙara wa wani, daga jikin wani aka zaro shi. In mai zaren ne ya bayar da yardarsa, saƙa ta zauna lafiya. In na sata ne sai ya tsinke, kuma idan ya tsinke masaƙa ba ta neman ɓarawon. Wanda ƙafarsa ke kan mataki take kamawa.

Wani attajiri ya taɓa buga mini ƙofa da tsakar dare, hawaye shaɓe-shaɓe. Wai mahaifiyarsa na gargara, ƙanensa kuma yana wata uwa duniya, sai ya yi wata guda a hanya. Roƙonsa in ja wa tsohuwa numfashi har ɗan ya iso su gana. Ya zaro kwarkwaro cike da zare daga aljihu, ya rantse daga ƙarshen rayuwarsa ya sa aka kaɗa shi. A wancan zamanin gwaji ɗaya masaƙan lokaci suka sani: ka naɗa zaren a wuyan hannun mai shi, in ya ɗau ɗumi ya bi bugun jininsa, nasa ne. Na naɗa, ya yi ɗumi, ya buga daidai. Ashe la'anannen ya daɗe yana kwana da zaren ɗaure a ƙugu har ya sha zufarsa. Kwanakin na wani yaron gidansa ne mai ɗebo masa ruwa, an zare masa su yana barci. Ganawar ma ƙarya ce. So yake tsohuwar ta rayu har ta mallaka masa dukiyarta kaf, kafin ƙanen ya ji labari.

Saƙa ta kai rabi sai na ji "tas!" Matsefi ya ƙage a hannuna, kunkurun masaƙa ya fara ja da baya shi kaɗai, zaren yana warwarewa ta baki biyu, ɗaya wajen tsohuwar, ɗaya wajen yaron. Da na ɗaga ƙafa a lokacin, kafin asuba an yi gawa biyu. Na danne mataki na bar masaƙa ta ɗiba daga nawa. Kuma kada wani ya ruɗe ka cewa daga ƙarshen rai take yanka. Inda zare ya fi kyau take zaɓa. Ta ɗauke mini damanar da 'yata ta fara tafiya. Uwarta tana ba ni labarin yadda ta saki bango ta nufo ni tana kiran Baba, wai har na yi kuka. Kowa a gidan ya tuna, ni kaɗai ne ba ni da komai a wurin. Shi kuwa mutumin, da na aika a karɓo cikon ladana, cewa ya yi saƙar tana da ƙulli, ba zai biya ba. Har gobe ban yafe masa ba. Mawaƙa suna ta yabona a kan daren da na tsawaita har mutanen birnin da aka kewaye suka fice, amma wannan ba wanda ya taɓa sa shi a waƙa.

Daga nan na fito da gwajin da duk masu sana'ar nan suke yi yanzu, ko da yake kaɗan ne ke faɗar inda suka samo shi. Ka tsinko ɗan bakin zaren, ka kai shi kan fitila, ka bar hayaƙin ya doki hancin wanda ya kawo. In nasa ne za ka ga ya yi tsit, leɓensa na rawa, domin ya hango kwanakin da zai rabu da su. Wasu ma tattara zarensu suke su tafi, kuma ka ƙyale su. Ɓarawo kuwa tari kawai zai yi, ya ce, "An gama?"

Abin da ke ba ni tsoro da ku yaran yanzu, da kun ga babbar riga sai jikinku ya mutu, kuna jin nauyin ku ƙona zaren mai kuɗi a gabansa. Ga gaggawa, kowa so yake a ce da shi gwani tun bai san nauyin ƙoshiya ba. Gobe da sassafe akwai mai zuwa da zare, babban mutum ne. Kai za ka riƙe fitilar, ni ina gefe ina kallon hannunka. Tashi ka zuba mata mai tun yanzu.