Tambaya da Amsa: Baba ya ce ba zan auri ɗan mahauta ba

Assalamu alaikum Anti, dan Allah ki taimaka min da shawara. Shekarata 27, ina koyarwa a wata firamare a Kano, akwai wanda muke soyayya da shi yana da shagon gyaran waya, mutumin kirki ne wallahi ko a unguwarsu an shaide shi, amma da ya turo magabatansa sai Baba ya ce shi ba zai haɗa jini da mahauta ba don kakan saurayin nawa sana'ar fawa ya yi, wai ɗan ƙanensa zai ba ni, ni kuma ko gaisawa ba ma yi da shi. Ƙawayena na cewa mu tafi rajista kawai a ɗaura tunda na girma. Shin ina da hakki a doka ko sai abin da Baba ya ce?

Baiwar Allah, daga Kano

Wa alaikumus salam 'yata. Kina da hakki, a dokar ƙasa da kuma a shari'ar Musulunci, amma ki ajiye maganar rajistar nan tukuna.

Gaskiya ne a dokar auren rajista wanda ya kai shekara 21 ba ya buƙatar sa hannun iyaye, kuma tsarin mulkin 1999 ya kare 'yancin mutum da rayuwar iyalinsa, babu wanda doka ta ba ikon ya kulle ki ko ya dake ki don kin ƙi miji. To amma ke Musulma ce, a mazhabar Malikiyya da kotunanmu ke bi aure ba ya ɗauruwa sai da waliyyi, kin ga in kika dawo da takardar rajista a hannu dangi da malamai ba za su kira shi aure ba, ga shi aure ne na mace ɗaya da ƙa'idojinsa daban, ƙawayen naki ba su gaya miki wannan ba.

Maganar fawa kuwa ita ta fi ɓata min rai. Malikiyya in suna duba ko miji ya dace da mace addininsa suke dubawa da lafiyarsa daga cututtukan da ke hana zaman aure, ba su sa asali a ciki ba. Mu ne muka ƙirƙiro wannan, a ce ɗan mahauta, ɗan wanzamai, ɗan maƙera, alhali naman da mahaucin ya yanka shi ake sa wa a tukunyar gidan kullum, ranar suna kuma da sassafe ake aika yaro ya kira wanzami. Waliyyin da ya hana 'yarsa auren wanda ya dace ba tare da hujja ba, alƙali na da ikon ya kira shi ya tambaye shi dalili, in ya kafe a mayar da walicci ga wani ko alƙalin ya ɗaura da kansa. Aya ta 232 a Suratul Baƙara ta sauka ne a kan Ma'aƙil bin Yasar da ya hana 'yar'uwarsa komawa wajen tsohon mijinta da ya sake ta, sannan Khansa'u bint Khizam da mahaifinta ya aurar ba ta so, Manzon Allah (SAW) ya warware auren.

Sai dai kar in ɓoye miki, ita Khansa'u bazawara ce, uba kuma yana da ƙarfi a kan budurwa a Malikiyya, ƙin manemi ɗaya ba ya isa a ce ya zalunce ki sai alƙali ya tabbatar cutarwa ce. Shi ya sa kalmar nan da Baba ya furta take da muhimmanci, ki tabbata akwai manyan da suka ji da kunnensu cewa asalin yaron kawai yake ƙi, ba halinsa ba.

Ki fara da wanda Baba ke jin nauyinsa, yayansa ko gwaggonki ko limamin masallacin da yake salla, ki je da kanki ki zauna ki faɗa musu a fili ba kya son ɗan baffan naki, kar ki yi shiru don a shari'a shirun budurwa yarda ne, 'yan mata da yawa a nan aka ci su. In bai yiwu ba sai mai unguwa, sai ofishin Hisbah, suna zaman sulhu irin wannan sosai, kotun shari'a ita ce ta ƙarshe. Kar ki bar gida, kar ki kwana ko'ina, ranar da kika yi haka kin ba su hujjar da ba su da ita. Shi ma yaron ya sake turo manyansa cikin ladabi, ku kuma je ku yi gwajin jini tun yanzu tunda dokar Kano ta 2024 ta wajabta shi kafin ɗaurin aure. In kika ji an sa ranar ɗaura miki da ɗan baffan ba da yardarki ba, to kar ki jira a shafa fatiha, ki kai ƙara tun kafin ranar.