Ga 'yar'uwar da ke neman fim ɗin Faransan nan

'Yar'uwa, kin ce kin ga wani gajeren fim na Faransa, budurwa tana ta neman wanda zai so ta tsakani da Allah, har kika yi kuka, yanzu kuma kin neme shi kin rasa, ko sunansa ba ki riƙe ba. Wallahi ciwona kika taɓo.

Ni ma irinsa na gani a MyFrenchFilmFestival, bikin finafinai da Unifrance, ƙungiyar da ke tallata finafinan Faransa a ƙasashen waje, ke shiryawa a intanet tun 2011, daga Janairu zuwa Fabrairu. Gajerun finafinan kyauta ake kallonsu, da fassara a ƙasa, amma wa'adi na cika sai a janye su. Wataƙila abin da ya same ki ke nan.

Lokacin da na kalle shi ba a daɗe da fasa aurena ba. An sa rana, an kawo lefe, sai ga gwaggon angon da rana tsaka wai a fito da akwatuna. Ko zama ba ta yi ba. A tsakar gidanmu ta zube kayan tana ƙirga atamfofi, maƙwabta na leƙe ta katanga, Innata na tsaye ta rasa bakin magana. Har turaren da na buɗe sai da ta tambaya. Ta ɗaga mayafi ɗaya ta shinshina, ta ce wannan an yafa shi. Shi kuwa ko kira bai yi ba, har yau. Na bar su da Allah.

Shi ya sa da na ga yarinyar cikin fim ɗin tana jiran saƙon da ba zai zo ba, na kasa barci.

Ki fara duba tarihin abin da kika kalla a wayarki. In kin ɗauki hoton wani wuri a fim ɗin, ki sa shi a Google Lens, manhajar bincike da hoto. Shafin Unifrance na da jerin gajerun finafinai da taƙaitaccen labarin kowanne, haka ma na bikin gajerun finafinai na birnin Clermont-Ferrand a Faransa, wanda nan ne babbar matattararsu. TV5MONDEplus, dandalin kallon finafinai da shirye-shirye na Faransanci a intanet, shi ma kyauta ne, ki leƙa.

Don Allah in kin same shi kada ki kalla ke kaɗai da dare, ki kira ƙawa. Kuma in wani ne ya sa ki wannan kukan, ki daina bibiyar hotunansa, ni abin ya daɗe yana cina. Ki rubuto min sana'ar yarinyar da yadda fim ɗin ya ƙare, in taya ki nema.